Majigin masu ƙere-ƙere da 'yan matansu: inda aikin ya kwana

16 ga Agusta, 2025

Toh bismillah. Abun da nake son yi shi ne in tattaro gajerun finafinan barkwanci na zamanin da fim ba ya magana, daga wajen 1895 zuwa ƙarshen shekarun 1920, in sa musu rubutun Hausa da kiɗa, in damina ta ɗauke mu kafa majigi a ƙofar gida yara da manya su kalla. Amma ba kowane fim ba. Sharaɗina biyu ne, dole a samu kimiyya a ciki, ko farfesa ko na'ura ko wani mai ƙere-ƙere da zai tarwatsa gidan mutane, sannan dole a samu soyayya ko neman aure. Kar ka ga kamar za su yi wuyar samu, suna nan da yawa, sai ka zaɓa ka darje.

Na farko da ya shiga jaka shi ne The X-Rays na George Albert Smith, ɗan Ingila, 1897. Ko minti ɗaya bai cika ba. Saurayi da budurwa ne zaune a benci yana ta zuba mata zance tana riƙe da lema tana yanga, sai ga wani ya lallaɓo da akwati kamar kyamara an rubuta X Rays a jiki, yana buɗe murfin sai masoyan nan suka koma ƙwarangwal, suna ci gaba da hirarsu ba su ma san abun da ya same su ba, kai har lemar sai da ta koma ƙarafunanta zalla babu yadin. Dabarar ba wata mai wuya ba ce, tsayar da kyamara aka yi 'yan wasan suka sa baƙaƙen kaya masu zanen ƙashi aka ci gaba da ɗauka. Budurwar ma Laura Bayley ce, matar shi Smith ɗin.

Saurin abun ne ya fi ɗaure mun kai. A Nuwamban 1895 Wilhelm Röntgen ya gano wannan hasken da ake hoton ƙashi da shi a asibiti, a Würzburg ta Jamus. A Disamban shekarar 'yan uwan nan Lumière suka fara haska fim ana biyan kuɗin shiga a Paris. Kafin 1897 ta fita har an haɗa su biyun ana dariya.

24 ga Agusta

Data na ta ƙonewa wajen dawunlodin, amma an samu biyu masu kyau. El hotel eléctrico na Segundo de Chomón, 1908, shi mutumin Sifen ne amma a Faransa ya yi wa kamfanin Pathé aiki. Mata da miji sun sauka a otal da komai lantarki ke yi, akwatuna su hau sama da kansu su buɗe kansu, buroshi ya goge takalmi ba hannun kowa, a yi wa maigida aski a taje wa uwargida kai, can a ƙarshe wani ma'aikaci da ya yi tatul ya je ya damalmala makunnan wutar sai kujeru da gado suka haukace. Ɗayan kuma The Automatic Motorist na Walter Booth, 1911, ango da amarya sun shiga mota butum-butumi ne direba, ga wanda ya ƙera shi a tare da su, motar ta bar ƙasa ta yi sama har kan zoben duniyar Satan (Saturn nake nufi, ba wancan ba), ta dawo ta faɗa ƙarƙashin teku.

Matsalar da nake fama da ita ita ce gudu. A wancan lokacin da hannu ake juya kyamara, da yawa daga na farko-farkon wajen hoto 16 zuwa 18 a sakan aka ɗauke su, sai da fim mai magana ya zo aka tsayar da 24. To da yawa daga kwafin da ke yawo a intanet a 24 ko 25 aka juye su shi ya sa kake ganin mutane na ta zabura kamar an tsikare su. Sai dai ba za ka rage wa kowanne gudu ido rufe ba, don masu barkwanci da gangan suke rage juyin hannun a wajen guje-guje saboda in an haska abun ya yi sauri. Yadda nake ganewa, ina neman inda wani abu ya faɗi ƙasa ko aka zuba ruwa, in faɗuwar ta yi daidai da yadda ido ya saba to gudun ya zauna.

Kuma duk wanda ka samu ka gode Allah. Laburaren majalisar Amurka ya fitar da rahoto a 2013 cewa wajen kashi 70 cikin 100 na dogayen finafinan Amurka marasa magana sun ɓace gaba ɗaya. Faifan naitiret da ake amfani da shi lokacin yana ruɓewa kuma yana kama wuta da kansa in zafi ya yi yawa, gobarar rumbun kamfanin Fox a New Jersey a 1937 kaɗai ta lashe dubbai.

8 ga Satumba

Jiya da magariba aka yi husufin wata, yara suka fito da gwangwanaye da murafan tukwane ana ta kaɗawa wai rana ta kama wata, manya kuma suka nufi masallaci. Hakan ya sa yau na jawo fim ɗin Georges Méliès na 1907 gaba, L'Éclipse du soleil en pleine lune, duk da shi husufin rana ne. Wani tsohon farfesa mai gemu (Méliès ɗin ne da kanshi) yana koyar da ɗalibai a gaban allo suna ta mishi shaƙiyanci, lokaci ya yi aka hau sama da madubin hangen nesa, sai ga rana da wata kowanne da fuskar mutum suna matsowa kusa da juna ana kashe ido ana lasar leɓe, har ranar ta shige bayan watan. Wato mu a nan faɗa muke gani tsakaninsu, shi Bafaranshe zance ya gani. Farfesa ya yi ta leƙe yana zumuɗi har ya zarce ta taga ya faɗo da ka cikin duron ruwa.

Gaskiya wajen haɗuwar rana da watan nan akwai rashin kunya a ciki ga duk babban da ya kalla, yaro ba lallai ya gane ba. Zan gajarce shi, in bar kashe idon in cire sauran.

Méliès ɗan dabo ne tun asali, yana da gidan wasan dabo a Paris kafin ya gina ɗakin ɗaukar fim na gilashi a Montreuil a 1897, shi ya sa duk finafinanshi kamar kana zaune a gaban dandamali ne, kyamara ba ta motsi. Kowa ya san na tafiya duniyar wata na 1902 inda kumbo ya soki wata a ido, amma wannan ban sa shi ba don babu soyayya, tsofaffin masana ne kawai suke ta dukan mutanen wata da lema. Ya yi fim sama da 500, wajen 200 suka rage, shi da kanshi ya ƙona na hannunshi a 1923 bayan ya karye, ya ƙare yana sayar da kayan wasan yara da alewa a tashar jirgin ƙasa ta Montparnasse.

Abun lura dai, a wajen Méliès da Smith masanin shi ne abun dariya. Tsoho ne mai leƙen asirin mutane, ba shi ake so ba, shi dai ɗan kallo ne da na'ura a hannu.

20 ga Satumba

Mun shigo Amurka, kuma a nan labarin ya juye. The Electric House na Buster Keaton, 1922, minti ashirin da 'yan kai. Ranar yaye ɗalibai takardun shaida suka cakuɗe, Keaton da ya karanci ilimin tsirrai aka miƙa mishi ta injiniyan lantarki, nan take wani babban mutum ya ɗauke shi ya sa wa gidanshi wuta kafin su dawo daga hutu. Bai san komai a kai ba amma ya ga 'yar mai gidan, ita kuma ta miƙa mishi littafin koyon lantarki, shikenan magana ta ƙare.

Da suka dawo kuwa gida ya zama abun kallo. Matakalar bene na tafiya da kanta, ɗan jirgin ƙasa na wasan yara yana fitowa daga kicin ɗauke da farantan abinci yana zagaya tebur yana tsayawa gaban kowa, kantar littattafai tana miƙo maka littafi, wurin ninƙaya a ja ƙarfe ɗaya ruwa ya tsiyaye a sake ja ya cika. Kuma duk suna aiki fa, wannan shi ne abun. Mai ilimin tsirrai ya yi aikin da kyau. Sai da ainihin injiniyan da aka yi wa ƙafar ungulu ya saɗaɗo ya sauya wayoyin sannan matakala ta fara cilla mutane ta taga suna faɗawa ruwa, jirgin abinci ya kife a cinyar baƙuwa. Wannan matakalar ce ma ta karya wa Keaton idon sawu a ɗaukar farko, dole aka ajiye fim ɗin sai daga baya aka sake shi daga tushe.

Na zauna na jera su a takarda sai na ga abu ɗaya ke ta dawowa. Kafin 1910 masani tsoho ne ana mishi dariya, zuwa shekarun 1920 kuwa mai ƙere-ƙeren shi ne saurayin, talaka ne ba gida ba dangi ba ko sisi, yarinyar kuma kullum akwai wani ƙaton uba a tsaye a bayanta. To me zai kai gidansu? Na'urar ita ce kayan na-gani-ina-so. Ba yarinyar yake son burgewa da ita ba don ita tun a minti na biyu ta riga ta amince, uban ake nema ya ce to. Ko mutumin da ya fito a uban a nan, Joe Roberts, ƙato ne da in ya tsaya kusa da Keaton sai ka tausaya wa yaron tun ba a fara ba.

Ƙarshen fim ɗin ne ke ban tsoro, Keaton ya ɗaura dutse a wuya ya faɗa ruwa don baƙin ciki, yarinyar ta ja ƙarfe ruwan ya tsiyaye, uban ya zo ya mayar. Su a wajensu raha ce. Ni da yara a gabana ba zan haska haka ba, zan tsaya kafin nan.

2 ga Oktoba

Ba a yi wani abun kirki ba satin nan, wuta sai a hankali, laftof ɗin kuma batirinshi ba ya riƙe caji. Abu ɗaya dai na warware. Hotunan su kansu sun fita daga haƙƙin mallaka a Amurka, duk abun da aka fitar har zuwa 1929 ya zama na kowa tun farkon 2025, amma kiɗan da masu gyara suka ɗora daga baya nasu ne, ba tsoho ba ne. Don haka na goge sauti duka. Wani abokina mai kiɗan biki ya zo da kibod ɗinshi muka gwada, ya ce shi kalangu yake ji a wajen guje-guje, muka gwada da ganga ta cikin kibod ɗin a kan matakalar Keaton, wallahi ta zauna daram.

18 ga Oktoba

Charley Bowers. In ba ka taɓa jin sunan ba ba laifinka ba ne, su kansu Amurkawan sun manta da shi tsawon shekaru, sai a shekarun 1960 Raymond Borde na ma'ajiyar finafinai ta Toulouse a Faransa ya ci karo da gwangwanayen fim an rubuta Bricolo a jiki, sunan da Faransawa suka sa mishi ke nan, daga nan aka yi ta bin sawu har aka gano ko waye. Asalinshi mai zanen katun ne, shi ya sa ya ƙware a dabarar nan ta ɗaukar hoto ɗaya a matsar da abu kaɗan a sake ɗauka, har ka ga abu mara rai yana motsi.

A Egged On na 1926 yana son ƙera injin da zai sa ƙwai ya daina fashewa, ya cika rumbun gonar dangin budurwarshi da ƙarafuna da bel da tayoyi, duk ƙwan da ya samo sai ya fashe a hanya kafin a kai ga gwaji. Akwai inda ya ɗora kwandon ƙwai a kan injin mota ƙirar Ford, ɗumin injin ya ƙyanƙyashe su, maimakon 'yan tsaki sai ga 'yan ƙananan motoci suna fasa ɓawo suna fitowa suna miƙe tayoyi suna zagaya uwarsu. Na mayar da wajen nan baya na kalla a hankali don in kama inda aka yi haɗin, ban kama ba. Shekara kusan ɗari ke nan fa, ba kwamfuta ba komai.

Amma wanda ya tsaya mun a rai He Done His Best ne, shi ma 1926. Ya je neman auren 'yar mai gidan abinci, kafin ya buɗe baki uban ya ɗauka aiki ya zo nema ya tura shi wanke-wanke, daga nan ma'aikata suka yi yaji, gidan abinci ya tarwatse a hannunshi. Don ya wanke laifinshi sai ya ƙera inji ɗaya da ke yin komai, shi yana tsaye yana danna maɓallai, hannuwa masu farar safa suna saukowa daga sama suna shimfiɗa tebur suna jera faranti suna zuba abinci. Uba ya ji daɗi, yarinya ta zo ta ce a shirya walimar aure, bawan Allah ya zage ya shirya da murna, ashe da wani za a ɗaura. Injin bai yi kuskure ko ɗaya ba. A ganina wannan ya fi na Keaton ciwo, don shi Keaton aƙalla maƙiyi ne ya ɓata mishi wayoyi, shi wannan ba wanda ya taɓa mishi komai.

It's a Gift na Snub Pollard, 1923, mai 'yar motar da ba ta da inji sai ƙaton maganaɗisu da yake nuna wa motar da ke wucewa ta ja shi, soyayyar cikinshi ba ta taka kara ta karya ba. Ya karya sharaɗina amma zan sa shi a farko don yara su zauna.

1 ga Nuwamba

Ƙanwata ta leƙo tana kallon abun da nake yi ta ce, "Yaya, su matan nan ba sa komai ne sai tsayuwa da murmushi?" Gaskiyarta. Shi ya sa na koma kan Die Puppe na Ernst Lubitsch, Jamus, 1919, duk da ya kai wajen awa ɗaya kuma rubutunshi ya fi na sauran duka yawa.

Wani saurayi ne Lancelot mai tsoron mata, kawunshi mai sarauta ya matsa sai ya yi aure don kar gida ya mutu, 'yan matan gari suka biyo shi a guje ya tsere ya ɓuya a gidan 'yan zuhudun Kirista, su kuma da suka ji akwai maƙudan kuɗi ga duk ranar da ya yi aure sai suka ba shi shawara ya je wajen Hilarius mai ƙera 'yar tsana mai girman mutum wadda ake murɗawa ta yi tafiya ta yi rawa, ya aure ta a karɓo kuɗin. Yaron shagon ya karya hannun 'yar tsanar, sai 'yar mai shagon wadda da kamanninta aka ƙera ta ta shiga madadinta don ta rufa wa yaron asiri. Ossi Oswalda ce ta fito a yarinyar kuma ita ce fim ɗin gaba ɗaya, ta sandare in ana kallonta, da an juya baya ta murguɗa baki ta wawuri abinci ta cusa, ango ya rataya mata hula da riga kamar maratayi ta watsar. Ɓera ne ya tona ta a ƙarshe, don 'yar tsana ba ta ihu.

A nan ba saurayi ne ya kawo na'ura don a ba shi yarinya ba, na'urar ya zo saya don ya guje wa yarinya, ita kuma ta san komai tun farko shi ne bai sani ba. Zan ba shi dare nashi daban, haɗa shi da gajerun zai yi yawa.

15 ga Nuwamba

Mun yi gwaji a tsakar gida da furojektan aro da farin zanin gado, 'yan gida da maƙwabta kaɗan. The X-Rays ya wuce kafin mutane su gama gyara zama, yara suka ce a maimaita. Motocin Bowers sun tayar da ihu. Otal ɗin Chomón kuwa ya ja, wajen taje kan nan mutane har sun fara hira.

Babbar matsalar rubutun ne. Ƙananan yara ba sa karantawa da sauri, tsofaffi wasu boko bai dame su ba, in na tsawaita allon rubutun kuma barkwancin ya huce. Kawuna da ke zaune a kujera a baya ya kira ni ya ce, "Kai ɗan nan, majigin da muka sani ai da mai bayani yake zuwa. Mota ce ke zuwa filin gari da magariba, fim ɗin tsafta ko na noma, mutum na tsaye da lasifika yana faɗa da Hausa, wani lokacin ma bayanin ya fi fim ɗin daɗi." Na ce, "Kawu ko za ka riƙe mana lasifikar?" Ya ce a'a shi muryarshi ta tafi, amma in samo mai bakin da ba ya mutuwa.

Kuma ba baƙon abu ba ne ga su finafinan, ba a taɓa kallonsu shiru ba ko a can, akwai mai piyano ko 'yan kiɗa, a Japan ma masu bayanin da ake kira benshi har sun fi wasu 'yan wasan suna. Mu da muka saba da fassarar finafinan Indiya ba sai an koya mana ba. Sharaɗin da zan kafa wa mai bayanin ɗaya ne, in Keaton na kan matakala ya yi shiru ya bar kalangu.

29 ga Nuwamba

Jerin daren farko ya zauna: Pollard, sai The X-Rays sau biyu a jere, sai husufin Méliès da aka gajarce, The Automatic Motorist, The Electric House, a rufe da He Done His Best. Da giɓin canji zai kai awa ɗaya da kwata ko fiye kaɗan. Chomón ya fita, Egged On ya koma dare na biyu tare da Die Puppe. Ƙanwata ta ce kar a rufe da wanda aka hana mutum mata, mutane za su tashi da haushi, a sa ƙwan motoci a ƙarshe. Ban yarda ba tukuna, za mu sake gwadawa a ga.

An samu mai bayani, wani ɗalibi ne a unguwa da ke yin sanƙira a bukukuwan abokai, na tura mishi finafinan a waya ya kalla ya saba da su. Saura allunan rubutun Die Puppe da ban kai rabi ba, saura kwafin He Done His Best mai haske don wanda ke hannuna fuskoki sun yi fari fat a wajen walimar, saura neman izinin mai unguwa da kuɗin man janareta. Sanyi ya fara shigowa, in an wuce tsakiyar Disamba ba wanda zai zauna a waje bayan isha'i, don haka ko dai a yi kafin nan ko a bari sai Fabrairu kafin azumi.